Yadda Ake Kula da Laikin Masu Wuyar Samu a Gandun Tsofaffin Bishiyoyi

Tambaya ɗaya masu karatu ke ta maimaita mini, kowa da irin lafazinsa: idan aka damƙa wa mutum gandu mai kariyar doka, irin filin nan na ciyawa da tsofaffin bishiyoyi tsaye jefi-jefi, aka ce masa akwai laikin masu wuyar samu a ciki, ta ina zai fara? Wasu masu tambayar ma'aikatan gandu ne, wasu ɗalibai, wasu kuma 'yan sa-kai da suka tsinci kansu cikin aikin. Ga amsar daki-daki.

Abu ɗaya kawai zan faɗa na karatu, sai mu shiga aiki. Laikin, wato wannan ɓawo-ɓawo ko ganye-ganye ko gemu-gemun da ke manne a jikin bishiya da dutse, zaman tare ne na halittu biyu: funfuna ta gina ɗaki, ƙwayoyin gansakuka su zauna a ciki suna haɗa abinci da hasken rana. Ba shi da saiwa. Duk abin da iska da raɓa da ruwan sama suka kawo shi yake sha, mai kyau da marar kyau, ba tacewa. Girmansa kuwa tafiyar hawainiya ce, 'yan milimita a shekara, wani ma ba ya kai milimita ɗaya. Saboda haka ba a yi masa ban-ruwa, ba a sa masa taki, ba a yi masa feshi. Haske ake gyara masa, da iska, da tsawon ran bishiyar da yake kai. Wanda ya iya aikin zai shekara goma bai taɓa laikin ɗin ba sai da ido.

Yawancin misalaina daga Birtaniya suke, don can aka daɗe ana wannan aiki a wurare irin su New Forest da gandun Windsor da Moccas da Dinefwr. Sunayen bishiyoyi da dokoki sukan bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa, amma jerin matakan ba ya sauyawa.

1. Takarda kafin gatari

Kafin ka sare ko reshe ɗaya, nemo takardar da aka ayyana wurin da ita, ka karanta dalilin kariyar. Wani gandun saboda laikin aka kare shi, wani saboda ƙwarin da ke zaune a ruɓaɓɓen itace, wani saboda jemagu, laikin ya zo a gyara. Abin da zai yi wa ɗaya daɗi yana iya cutar da ɗaya, don haka sai ka san su duka.

A Ingila, duk wurin da ke cikin jerin da ake kira SSSI, wato wuraren da doka ta kare saboda muhimmancinsu ga kimiyya, yana da ayyukan da ba a yi sai da rubutaccen izinin hukumar Natural England, kamar sare bishiya, sauya tsarin kiwo, zuba taki da ɗibar tsirrai. Wales da Sikotland suna da nasu hukumomin. Dokar namun daji da karkara ta 1981 ta ambaci wasu laikin da sunansu, irin su Teloschistes flavicans da Caloplaca luteoalba, waɗanda cire su laifi ne ko a ina suke. Idan saran zai wuce kubik mita 5 cikin wata uku, akwai wani lasisin daban daga hukumar gandun daji.

Hattara: izini yana cin makonni, wani lokacin watanni, lokacin sara kuma gajere ne, domin daga Maris zuwa Agusta tsuntsaye na kan sheƙa. Wanda ya nema a makare ya yi asarar shekara guda.

2. Ƙidaya: san abin da ke hannunka

Kayan aikin ba su da yawa. Gilashin ƙara girma na hannu mai ninki 10, wanda ke da 'yar fitila ya fi. Na'urar GPS ko waya mai ita, kamfas, tef ɗin awo, kyamara, lambobin alminiyam da ƙusoshinsu, ambulan na takarda, ƙaramar wuƙa, littafi da fensir, don biro ba ya rubutu a jiƙaƙƙiyar takarda. Sai 'yan kwalabe biyu na ɗigo: ɗaya ruwan potasiyam haidroksaid mai ƙarfin kashi 10 cikin 100, ɗaya kuma bilic irin na wanki. Ana ɗiga kaɗan a jikin laikin a ga launin da zai juya. Xanthoria parietina mai ruwan ɗorawa, alal misali, nan take yake komawa ja mai duhu idan ruwan farko ya taɓa shi. Akwai sinadari na uku da masana ke kira Pd, amma yana da haɗari ga fata da lafiya, a bar wa ƙwararru shi.

Hunturu ne lokacin wannan aiki a ƙasashen da ganye ke zuba, saboda haske na isa gangar bishiya kuma ciyayi sun kwanta. Fara da ba kowace tsohuwar bishiya lamba. Rubuta irinta, inda take, kaurinta a tsayin mita ɗaya da rabi daga ƙasa, da halin da take ciki: a sarari take ko a duhu, lafiyayya ce ko ta fara mutuwa daga sama. Bayan nan sai ka zagaya ta a hankali, hanci kusa da ɓawo, domin bishiya ɗaya unguwanni ce da dama.

Gefen da ruwan sama ke jiƙawa shi ne mazaunin masu ganye-ganye. A nan ake samun Lobaria pulmonaria, wanda zan kira huhun bishiya saboda kamanninsa, da danginsa. Sun fi son ɓawon da tsaminsa bai yi yawa ba, wajen 5 zuwa 6 a ma'aunin pH. Gefen da bishiya ta karkata ta rufe, inda ruwa ba ya sauka, yana da nasa mutanen: wani toka-tokan shafe da za ka rantse ɓawo ne kawai, irin su Cresponea premnea da Lecanographa lyncea, waɗanda galibi a jikin bishiyar ok da ta yi ɗaruruwan shekaru ake samun su. Cikin tsagar ɓawo da kan busasshen itacen da ɓawonsa ya saɓule akwai masu kan allura, dangin Calicium da Chaenotheca, tsayinsu wajen milimita ɗaya. Sai kuma layin da ruwan bishiya ke tsiyaya daga tsohon rauni, wanda wasu nau'o'in ba sa zama ko'ina sai nan. Kada ka tsaya kan bishiyoyi kaɗai. Duwatsu, tsofaffin katangu da turakun shinge na itacen da ba a shafa wa magani ba sukan ɓoye abin mamaki.

Wani abu da ke yaudarar sabon shiga: wanda ya fi kyan gani ba shi ne ya fi wuyar samu ba. Sau da yawa dukiyar gandun tana cikin wannan toka-tokan da ba mai ɗaukar hotonsa. Shi ya sa ƙidayar farko sai da masani na gaske, mai madubin duba ƙananan halittu a gida. A Birtaniya ana samun irinsu ta hannun ƙungiyar British Lichen Society, wadda aka kafa a 1958. Masanin zai auna jerin da ya samu da ma'aunin da masanin tsirrai Francis Rose ya fara tsarawa a shekarun 1970, wanda ke ƙirga nau'o'in da ba sa zama sai inda tsofaffin bishiyoyi suka daɗe ba yankewa. Wannan adadi shi ne hujjarka a gaban hukuma da masu ba da tallafi.

Hattara: samfur kada ya wuce girman farce, kuma idan tabo ɗaya ne tak a jikin bishiyar, a ɗau hoto a bar shi. A ambulan na takarda ake sa shi ya bushe. Wanda ya ƙulle shi a leda zai tarar ya yi funfuna cikin kwana biyu. Lambar bishiya kuma a kafa ta inda babu laikin, a bar wa ƙusa sarari don ɓawo na ƙara kauri.

3. Raba bishiyoyi gida uku, ka yi kasafi

Gida na farko, masu ɗauke da nau'o'in da ake kare wurin dominsu. Na biyu, tsofaffin da ba su da su tukuna amma ɓawonsu ya dace kuma suna kusa da na farko. Na uku, matasa da matsakaita waɗanda za su gada. Zana taswira, ka ba duk wanda zai shigo da inji ko dabba kwafi a hannunsa, ka kai shi gindin bishiyoyin gida na farko ya gani da idonsa.

Game da kuɗi, kayan aikin hannu ba su ne matsala ba. Masu cin kasafi huɗu ne: ladan masani, ladan masu hawa bishiya, shinge da ruwan shan dabbobi, da kariyar da ake yi wa kowane dashe, wadda takan ninka kuɗin dashen kansa sau da yawa. Idan aljihu ya yi ƙasa, a fara da ƙidaya, sannan haske a gida na farko. Sauran su biyo.

4. Haske

Kuskuren da ya fi kowanne yawa shi ne a ɗauka kariya na nufin a kewaye wuri da waya a juya masa baya. Bishiyoyin gandu a sarari suka tashi, dabbobi na kiwo a ƙarƙashinsu tun kaka da kakanni, rana na dukan gangarsu safe da yamma. Ranar da aka kori dabbobi sai ƙananan itatuwa da sarƙaƙiya su taso. Cikin shekara 20 ko 30 gangar ta shiga duhu, laikin ya koɗe ya zube, gansakuka ta gaje wurin. Inuwa kisan mummuƙe take yi, ba wanda ke lura sai an zo ƙidaya ta gaba.

Aikin mataki uku ne, kuma a bi su a jere.

Da farko a kawar da masu ganye dindindin da ke toshe gindi, musamman Rhododendron ponticum, wanda baƙo ne a Birtaniya kuma kusan ba abin da ke rayuwa a ƙarƙashinsa, da itacen holi inda ya yi cunkoso. Sara kawai bai isa ba, an kashe maciji ne ba a sare kansa ba, don kututturen zai tofo fiye da da. A shafa maganin kashe ciyawa da buroshi a kan kututture nan take bayan sara, ko a huda a zuba a ciki. Feshi kusa da tsohuwar bishiya haramun ne a wannan aiki.

Na biyu, aibi, tsiron nan mai hawa bishiya yana lulluɓe ta. A yanke shi a gindi da zarton hannu, a cire guntu mai tsawon taƙi ɗaya ko biyu don kada ya sake haɗewa, a kiyaye zarto kada ya ci ɓawon bishiyar. Na saman a bar shi ya bushe ya zubo da kansa. Wanda ya fizge shi zai taho da ɓawo da laikin gaba ɗaya. Kuma ba kowace bishiya ake yi wa haka ba, domin aibi abinci ne da mafaka ga tsuntsaye da ƙudan zuma. Gida na farko da na biyu kawai, inda ya fara hawa ne ma ya fi sauƙi. Inda ya riga ya rufe ganga shekara da shekaru, laikin ya daɗe da tafiya.

Na uku shi ne mai wuyar: rage matasan bishiyoyin da suka yi wa tsohuwa zobe. Fara da waɗanda rassansu suka shiga cikin nata ko suka haye kanta. Tsaya nan. Bar shekara uku zuwa biyar ka ga yadda ta karɓa, sannan ka faɗaɗa zoben. Kafin a sare kowace matashiya a duba jikinta ita ma, don wani lokacin ita ce ta riga ta karɓi laikin daga tsohuwar.

Hattara: a nan ake gyaran gira a rasa ido. Laikin da ya saba da duhu, idan aka yaye masa rufi rana ɗaya, fari yake yi ya ƙone. Tsohuwar bishiyar ma rana na iya dafa mata ɓawo, musamman bishiyar bic mai siririn ɓawo, iska kuma ta tuge ta tunda an cire mata garkuwa. Huhun bishiya da danginsa haske suke so tare da laima, ba fili fetal ba, don haka a bar itatuwan da ke tare iska mai busarwa. A kayar da itace nesa da tsohuwar, kada a jingina rassa a jikinta, kada a cinna wuta kusa. Zafi da hayaƙin awa ɗaya sun isa su share abin da ya yi shekara 50 yana girma.

5. Kiwo

Zarto na buɗe wuri, dabba ce ke riƙe shi a buɗe. Shanu sun fi dacewa, musamman masu jure wahala da ke cin ganyen itace da sarƙaƙiya, don suna kutsawa cikin duhuwa suna karya ta. Tumaki na aske ciyawa amma ba sa iya wa ƙaya. A gandun da ke da barewa tun asali, su ma suna cikin lissafi.

Fara da kaɗan ka ƙara a hankali, ƙasa ce za ta gaya maka. Idan ƙaya da aibi na komawa gindin bishiyoyi, dabbobi sun yi kaɗan. Idan gindi ya zama caɓi, ɓawo ya yi sulɓi don goga, ba ko ɗan tsiro ɗaya da ke tsira, sun yi yawa.

Duk abin da ke tara dabbobi wuri ɗaya a kai shi nesa da tsofaffin bishiyoyi: kwamin ruwa, wurin zuba harawa, gishirin lasa, ƙofar shiga. Inda shanu suka yi sansani, fitsari da kashi na turnuƙe ganga da iskar amoniya, kofato kuma na danne ƙasar da saiwa ke numfashi ta ciki. Ciyawar gandun ba a sa mata takin zamani, ba a watsa mata ruwan taki, ba a zuba farar ƙasa, ba a yi mata huɗa. Dawakai kuwa a sa musu ido, sukan ɓare ɓawo da haƙori.

Hattara: idan dole sai an killace wata bishiya, a yi da katako, a ja shi nesa da ganga, a kuma san cewa an ɗauki aikin sassabe da hannu a ciki duk shekara, tunda dabba ba ta shiga. Kada waya mai rufin zinki ko wani abu na tagulla ya taɓa bishiyar ko ya rataya a samanta. Ruwan da ke ɗiga daga gare su guba ne ga laikin. Duba ƙarƙashin tsohuwar waya a kan dutse, za ka ga layi fes ba komai.

6. Iska

A da hayaƙin kwal ne abokin gaba, har masana biyu, Hawksworth da Rose, suka fitar da ma'auni a 1970 na gane yawan iskar sulfa ta kallon laikin da ke jikin bishiya. Wannan ya ragu ƙwarai a Turai. Na yanzu amoniya ce, wadda fiye da kashi 80 cikin 100 nata a Birtaniya daga noma da kiwo take fitowa. Iyakar da aka amince da ita ga laikin ita ce maikrogiram 1 a kowane kubik mita na iska, a matsakaicin shekara. Ga sauran tsirrai 3 ce. Ma'ana, ciyawa na iya zama kore shar alhali laikin na mutuwa a samanta.

Gwajin farko kyauta ne. Jawo ƙananan rassan ok na ƙasa-ƙasa ka duba, a bakin gandu da tsakiyarsa. Idan ka ga masu gemu irin Usnea, da Evernia prunastri da Hypogymnia physodes, iska na da dama-dama. Idan ruwan ɗorawar Xanthoria da toka-tokan Physcia sun mamaye, ko wani koren majina-majina ya shafe reshe, amoniya ta iso. Rassa sun fi ganga saurin faɗar gaskiya, don ɓawonsu sabo ne, labarin 'yan shekarun nan yake bayarwa.

Idan alama ta nuna, a rataya 'yan na'urorin nan masu tsotsar iska da ba sa buƙatar lantarki, a jere daga gefen da ake zargi zuwa tsakiya. Ana sauya su duk wata ana aika wa ɗakin gwaji, a yi shekara cur, saboda lokacin watsa taki adadin kan yi tsalle. Kuɗin gwajin ne mai nauyi, ba na'urar ba.

Maganin yawanci a wajen shinge yake, don haka sai da lallashi. Ɗakunan kaji da na aladu, ramin tara ruwan taki, da kejin tsuntsayen farauta su ne manyan kafofi. Abin da ake roƙon maƙwabci: ya rufe ramin takinsa, ya riƙa zuba ruwan taki ƙasa-ƙasa ko cikin ƙasa maimakon watsawa sama, ya bar wani zirin gona a bakin gandu ba taki, ya kuma duba inda iska ta nufa kafin ya fara. Amoniya kusa da mafarinta ta fi sauka, shi ya sa layin bishiyoyin tare iska ya fi amfani a jikin ɗakin kajin, ba a jikin tsofaffin bishiyoyinka ba, inda zai zama wata sabuwar inuwar. Idan aka nemi izinin gina sabon gidan kiwo kusa, lokacin magana shi ne kafin a sa hannu, da alƙaluman gwaji a hannu.

Hattara: kada ka kankare Xanthoria da sunan share wa na kirki wuri. Alama ce, ba ita ce cutar ba. A kuma lura da ƙananan kafofi na cikin gida: ƙurar hanyar mota, da karnukan masu yawo da ke fitsari a gindin bishiyoyin bakin hanya.

7. Ja wa tsohuwa kwana

Kowace shekarar da tsohuwar bishiya ta ƙara a tsaye, dama ce ga laikin ya tsallaka zuwa wata. Saiwa ake fara karewa. Shawarar hukuma a Ingila ita ce a bar da'ira mai nisan da ya ninka faɗin ganga sau 15, ko mita 5 gaba da inda rassa suka tsaya, wanda ya fi girma a ciki. Cikin wannan da'ira ba ajiye mota, ba haƙa, ba tara kaya.

Idan wani reshe na barazana ga masu wucewa, a fara tunanin kawar da hanyar ko bencin kafin a yi tunanin zarto. Ya fi araha, ya fi sauƙi. Idan kan bishiyar ya yi nauyi har tana shirin tsagewa, ƙwararren mai hawa ya rage shi kaɗan-kaɗan cikin shekaru. A nuna masa inda laikin yake kafin ya hau, kada ya sa takalmi mai ƙusa, kada igiya ta goge gefen. Inda hali ya yi, injin ɗaga mutum ya fi, muddin tayarsa ba ta hau kan saiwa ba.

Masu son tsabta su yi haƙuri a nan. Ba a wanke rauni, ba a shafa masa fenti, ba a cike kogo da siminti. Bishiyar da ta mutu a tsaye a bar ta tsaye, gangar ok da ta bushe tana iya ɗaukar masu kan allura shekaru masu yawa. Reshen da ya faɗo a bar shi inda ya faɗi, sai dai idan ya faɗi ta fuskar laikin, a juya shi ya kalli haske.

8. Magada

Je ka tsaya a tsakiyar yawancin tsofaffin gandaye, za ka ga kakanni da jikoki, iyaye babu. Bishiyoyi masu shekara 300 zuwa sama, sai 'yan dashen kwanan nan, tsakani wayam. Wannan giɓi shi ne babban haɗari, kuma cuta na iya faɗaɗa shi dare ɗaya. Cutar da ta afka wa bishiyar elm daga ƙarshen shekarun 1960 ta kashe sama da miliyan 25 a Birtaniya, Caloplaca luteoalba da ya dogara da ita ya kusa bin ta. A 2012 aka tabbatar da wata cutar funfuna a jikin bishiyar ash, wadda ita ce babba cikin waɗanda suka rage masu ɓawo marar tsami sosai irin na elm.

Saboda haka matsakaitan bishiyoyi sun fi dashe daraja, su ne gadar. Zaɓo su tun yanzu, ka buɗe musu wuri su yi rassa a sarari. Wasu daga cikin matasa a datse musu kai sama da inda bakin dabba ke kaiwa, a riƙa maimaitawa, don irin wannan datsa na ja wa bishiya kwana kuma tana sa ta yi kogo da wuri. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi: tsohuwar da ba a taɓa datsewa ba, aka yi mata yanzu, tana iya mutuwa. Wasu masu gandu ma da gangan suke yi wa matasan da ba a damu da su ba rauni, don su samar da tsiyaya da ruɓa kafin lokaci.

Dashe kuwa a yi shi da irin wurin, kusa da gida na farko, domin 'ya'yan laikin irin huhun bishiya ba sa tafiya nesa. Amma kada a dasa ta gefen da rana ke shigo wa tsohuwar, wato kudu a ƙasashen arewacin duniya. A ba su tazara sosai, ba layi-layi kamar gonar katako ba. A gauraya masu ɓawo mai tsami da marasa tsami. Inda ash ke mutuwa, bishiyoyin sikamo da mafil na iya karɓar wasu daga cikin baƙinta.

Hattara: kada a yi gaggawar sare ash don ta kamu. Wasu na jurewa, wadda ke mutuwa a hankali ma tana ba laikin lokacin ƙaura.

9. Dashen laikin, idan ba makawa

Wannan ne matakin da kowa ke ɗokin yi, shi ne kuma na ƙarshe a cancanta. Ana yin sa ne idan bishiyar ta faɗi ko tabbas za ta faɗi, da izini a rubuce. Masu ganye-ganye ne ke karɓar dashe. Masu shafe a jikin ɓawo da wuya su rayu.

Zaɓi sabuwar bishiya mai irin ɓawon tsohuwar, da gefe mai irin haskenta da laimarta. Kasancewar 'yan rakiya iri ɗaya a jikinta, gansakuka da ƙananan laikin, alama ce mai kyau. Yi aikin a kaka ko farkon hunturu, ranar da gari ke da laima. Fesa wa laikin ruwan sama ko tataccen ruwa ya yi laushi, don busasshe karyewa yake kamar ƙwai. Ɗauke shi da ɗan ɓawonsa in ya yiwu, ka kwantar da shi yadda yake a da, sama a sama, ka rufe da ragar nailan mai faɗin ido, ka kafe ragar da ƙusoshin ƙarfen da ba ya tsatsa. Wasu na amfani da ɗigon gam mai ƙarfi a bayan ɓawon. A sa shi sama da inda harshen saniya ke kaiwa. A raba shi kan bishiyoyi da dama, don wasu za su mutu ko ta yaya, katantanwa kuma na son sabon dashe.

Hattara: a rubuta kowane dashe, daga ina zuwa ina, da ranarsa. In ba haka ba, masanin da zai zo bayan shekara 20 zai ɗauka laikin ne ya bazu da kansa, ya rubuta wa gandun lafiyar da ba shi da ita.

10. Bibiya

A kowace bishiyar gida na farko, zaɓi tabo ɗaya ko biyu na dindindin. Rubuta tsayinsa daga ƙasa da gefen da yake kallo a kamfas, ka ɗau hoto da rula a ciki, sannan ka ja baya ka ɗau bishiyar gaba ɗaya da abin da ke kewaye da ita. Wannan hoto na biyu shi ke tona asirin inuwa. Wasu na ɗora farar leda mai kauri su zana iyakar kowane tabo da alƙalami, su kwatanta a zuwa na gaba.

Hattara: a ɗau hoto a wata ɗaya kowace shekara, a yanayi iri ɗaya. Huhun bishiya kore ne shar kuma a buɗe idan ya jiƙe, ya bushe kuwa sai ya takure ya yi ruwan ƙasa. Wanda ya gwada hoton jiƙaƙƙe da na busasshe zai yi kukan mutuwar da ba a yi ba.

Zagayen duba aibi da ƙaya da ɓarnar dabbobi duk shekara ne. Awon tabo duk shekara uku zuwa biyar, sai dashe da wuraren da aka yi sara, waɗanda ake dubawa shekara-shekara da farko. Cikakkiyar ƙidaya da masani wajen duk shekara goma. Idan tabo na raguwa, duba sama tukuna ko inuwa ta ƙaru, sannan rassa ko ruwan ɗorawa ya shigo, sannan lafiyar bishiyar, sannan sawun katantanwa.

A rubuta har ranar da aka shigo da shanu da ranar da aka fitar da su da adadinsu, da kowace bishiyar da aka sare da shekarar saran. Kwafi ɗaya ya zauna a ofishin gandu, ɗaya a aika wa hukumar da ta ba da izini, ɗaya kuma ga cibiyar adana bayanan halittu ta yankin, da lambobin bishiyoyi iri ɗaya da waɗanda ke kafe a jikinsu.